Da Ƙafar Dama

Ranar da aka kawo akwatin aure daga Yamai, gidan su Latifa a Filinge ya cika da mata har bakin zaure. Aka baje turamen atamfa da shadda a kan tabarma, wannan ta ɗaga ta shinshina, waccan ta murza bakin zane tsakanin yatsu don ta ji ko na kirki ne. Can ƙasan akwatin aka ciro rigar da za a kai amarya da ita. Farin leshi ne mai nauyi, da ratsin ruwan zinariya, kuma Rashida, yayar ango, ita da kanta ta zaɓi yadin ta kai wa telanta a Yamai. Guɗa ta tashi. Gwaggo Dija, ƙanwar mahaifin Latifa, wadda ba a taɓa buɗe akwati a unguwar nan ta rasa abin kushewa ba, ta juya rigar ciki da bai, ta sake juyawa, daga ƙarshe ta ce farin ya yi fari da yawa.

Sai da mata suka watse Latifa ta shiga ɗaki ta gwada. Daga kafaɗa zuwa ƙugu kamar a jikinta aka yanka. Daga ƙugu kuwa rigar ta bi cinya ta tsuke, ta zo gwiwa ta ƙara tsukewa, sannan ta buɗe can ƙasa ta zuba tana jan ƙasa ta baya. Irin ɗinkin da 'yan matan birni ke yayi ne. Latifa ta dubi madubi ta ga ta yi kyau, wannan kam ba ta yi wa kanta ƙarya ba. Sai ta ce bari ta taka zuwa ƙofa, nan ta ji babu dama.

Ƙafarta ta dama ce. Shan inna ya taɓa ta tun tana ƙarama, ƙafar ta shanye, aka yi mata takalmin ƙarfe mai sanduna biyu daga cinya har dunduniya, da maɗauran fata. Idan tana tafe gwiwar a kulle take, ba ta lanƙwasa. Kafin ta yi taku sai ta ɗaga ƙugu, ta wurga ƙafar ta gefe, ta zagayo da ita gaba. Da zane ba ta da matsala, ɗaurin sakwa-sakwa take yi. A haka take zuwa lakwal, makarantar boko, kullum tana koyar da 'yan aji ɗaya, a haka take ratsa kasuwar Lahadi da kwandonta, mai ƙafa biyu lafiyayyu ma sai ya yi da gaske ya cim mata. Amma wannan riga ba ta bar wa ƙafar ko taƙi ɗaya na zuwa gefe ba.

Mahaifiyarta, Inna Hawa, ta tsaya tana kallo. Gwaggo Dija ce ta fara magana.

"To amarya mi ya haɗa ta da tahiya?" in ji ta. "Mota za ta kai ki har ƙohwar gida. Daga nan ni da Rashida mu cicciɓe ki mu aje bisa gado. Kanki a lulluɓe, wa zai gani?"

"Ƙahwar dama hwa, Gwaggo?"

Kowa ya san abin da take nufi. Amarya da ƙafar dama take shiga ɗakinta, da bisimilla a bakinta, tsofaffi na duƙe suna leƙen ƙasa suna cewa da dama, da dama.

"Ke Allah ya san uzurinki, ɗiyata," in ji Gwaggo, da murya mai laushi irin wadda ba ta saba ba.

Wannan magana Latifa ta sha ta har ta gundure ta. Duk ɗakin da ta taɓa shiga a duniya da hagu ta shige shi, don ita ce mai ƙarfin hawa, sannan ta janyo ta daman daga baya. A makarantar allo an tsawata wa yara a kan haka, ita kuwa aka ce a ƙyale ta, Allah ya san uzurinta. Ya sani ɗin kuwa. Amma ita ta gaji da zama mai uzuri. Ta yi wayo a bayan Inna, goye, tana jin tsararrakinta na gudu a ƙasa, kuma tun ranar da aka ɗaura mata ƙarfen nan ta sauka ba ta sake yarda wani ya ɗauke ta ba, ko da ruwa ya cika kori, kwarin da ke hanyar lakwal. Yanzu a ce ɗakinta na kanta a sungume ta a kai ta kamar buhun hatsi? Ta cire rigar a hankali ta ninke, ta ce za a gyara ta.

"Ga Husaina da kekenta na ɗinki a Tabla," in ji Inna Hawa, tana kallon wani wuri.

"Ko da buhu za a kai ni, Inna, ba ni zuwa wurin Husaina."

Husaina 'yar Kawu Ibrah ce, yayan Inna, wato taubashiyar Latifa. Tsakanin ɗan mace da ɗan namiji akwai wasa, kowa ya sani, ana zagi ana tsiya ba a fushi, wanda ya yi fushi ma shi ake wa dariya. Husaina ta ɗauki wannan dama tun suna yara ta yi amfani da ita har ƙarshe. Ita ta raɗa wa takalmin suna ƙafar gwamnati, don a asibitin gwamnati aka yi shi. Ita ce kuma ta iya kwaikwayon tafiyar Latifa, ta iya shi har abin ya zama sana'a. Latifa ta kan rama, don ita ma bakinta ba a ɗaure yake ba. Amma bara, a wani suna a Tabla, ranar da dangin angon, Abdurrazak, suka fara zuwa ganin wadda ɗansu ke nema, Latifa na ratsa tsakar gida sai ta ji dariya ta ɓarke. Ta waiga ta ga Husaina a bayanta da faranti a ka, tana wurga ƙafa. Ta ga Rashida ta yi dariya, sannan ta yi maza ta rufe baki da gyale ta sunkuyar da kai. Rufe bakin nan ya fi dariyar ciwo. Latifa ta bar Tabla ba sallama, kuma daga ranar ba ta sake ɗaukar wayar Husaina ba.

Da yamma ta kira Abdurrazak. Ma'aikacin dabbobi ne, yana can rugagen wajen Sanam yana yi wa shanu allura, ana jin kukansu ta cikin wayar. Ɗakin da ya gina mata a gidan mahaifinsa ya yi masa dokin ƙofa mai tudu, don ruwan damina kan kwanta a tsakar gidan.

"In dokin ƙohwar na, Malama, in sa a hwasa shi," ya ce. "Siminti na kawai."

"Ka hwasa shi, damana ta zo ruwa ya kwana ƙarƙashin gadona? Bar gidanka yadda yake. Laihin riga na."

"To a maida ta Yamai wurin wanda ya ɗinka."

Wannan ma ta ce a'a. Telan da bai taɓa ganinta ba me zai gyara? Kuma ta san dalilin da ya sa Rashida ta zaɓi ɗinkin da ke zuba har ƙasa, so take ta rufe mata ƙarfen kada idon mutane ya dame ta. Alheri ta yi nufi, Latifa ba ta musu. Sai dai ba ta shirya zuwa ta yi wa yayar miji bayanin abin da alherin ya jawo ba.

Ta fara da Tela Tahiru na bakin kasuwa, wanda duk wani babban biki a ƙasar Kurfai, wato Filinge da kewayenta, da hannunsa a ciki. Dattijo ne mai kunya, ɗiyarsa ma tana ajinta. Ya karɓi rigar da hannu biyu, ya yaba yadin, ya saurare ta yana gyaɗa kai.

"Wanga ba abin damuwa ba na, Malama. Tsaga za mu yi ta baya, mu sa ƙyalle ciki. Dut matsattsar riga haka mukai mata."

"Ba gaba da baya nika buɗa ƙahwa ba, Baba Tahiru. Ta gehe nika wurgawa. Bari ka gani."

Ta tashi ta taka daga teburin yanka zuwa ƙofa ta dawo. Da ta juyo sai ta tarar idonsa na kan zaren da yake sakawa a allura, allurar da tuni akwai zare a cikinta. Yaran shagon ma kowa ya ga abin yi a cinyarsa.

"Na gani, Malama," ya ce. "Allah ya ƙara lahiya. Tsagar baya za ta yi."

Bai gani ba. Mutumin kirki ne, kirkin nasa ne ya hana shi kallo. Ta yi godiya ta karɓi rigarta, ta ce za ta yi shawara.

Ta wuce gidan koyon sana'a na mata, wurin Madam Anisa, wadda ta yi karatun ɗinki a Yamai kuma tana da littattafan hotunan riguna. Ita mace ce, ba wata kunya. Ta sa Latifa ta saka rigar a bayan labule, ta zagaya ta tana tafa hannu.

"Kai, wagga riga ba a taɓa ta! Wanda ya sa mata almakashi ya yi zunubi. Ki ji shawarata, ƙanwata. Ranar ki cire ƙarhen baki ɗaya, ki zamna bisa kujera awa sarauniya, a ɗauki hoto. Ba wanda zai san da wani abu."

"Kowa a Filinge ya san da wani abu, Madam. Tun ina 'yar mitsitsiya nika ratsa garin ga."

"Allah sarki," in ji Madam Anisa, ta dafa mata kafaɗa. Idonta ya sauka zuwa ƙugu, ya tsallake, ya faɗa kan tabarma.

Latifa ta fito rana ta take. Ta zauna a kan benci ƙarƙashin itacen bedin bakin tasha, rigar a cikin jaka a kan cinyarta, haushi ya cika ta. Ta shiga lissafa teloli a ranta, na unguwar zongo, na bayan asibiti, matar nan da ke ɗinki a gida kusa da lakwal. Duk ta san su, duk suna girmama ta, kuma duk haka za su yi. Gari guda ya haɗu ya yi mata kara, ba mai kallon ƙafarta. Har Inna da ta haife ta, idan tana ɗaura maɗauran da safe sai ta tuna da tukunya a kan wuta. Mutum ɗaya tak ta sani da ta taɓa zuba wa ƙafar nan ido, ta kalle ta da kyau, ta san inda take tashi da inda take sauka, ta haddace ta kamar karatu.

Sanin hakan bai yi mata daɗi ba ko kaɗan. Ta ja tsaki har mai sayar da ƙosai ta waigo. Sannan ta miƙe ta tambayi kamasho wace mota ce ta Tabla.

An riga an yi girbi, gonaki duk kara, damman gero jingine a gindin rumbuna. Motar ta sauke ta a bakin hanya ta ƙarasa da ƙafa. Ta tarar da Husaina a rumfar tsakar gida tana taka keke, tana haɗa rigunan yara. Da ta ɗago ta ga mai sallama sai ƙafarta ta tsaya a kan matakin.

Latifa ta zo da shirin faɗa. Ta tanadi amsar kowace tsiya tun a mota. Abin da ba ta shirya masa ba shi ne Husaina ta tashi da sauri ta shimfiɗa sabuwar tabarma, ta kawo ruwa a kwanon baƙi mai murfi, ta durƙusa.

"Sannu da zuwa, Malama Latifa. Kun zo lahiya? Ina su Gwaggo Hawa?"

Malama Latifa! A bakin Husaina! Ashe bayan taron sunan nan na bara Kawu Ibrah ya yi mata tatas a gaban mijinta, ya ce wasa ma yana da wuri, ita kuma ta rantse ta daina. Suka yi gaisuwa doguwa mai sanyi, ta gida da ta aiki da ta gajiyar hanya. Husaina na magana idonta na kan tabarma. Nan Latifa ta gane asarar da ta yi. Ta raba kanta da mutum ɗayan da ke kallonta, da hannunta, kuma sai yau ta sani.

Ta ciro rigar ta shimfiɗa, ta faɗi abin da ke tafe da ita ba kwana-kwana: dokin ƙofa, da ƙafar dama, da Gwaggo Dija da ke shirin cicciɓa. Husaina ta shafa leshin.

"Ana iya tsaga ta baya," ta ce a hankali.

"Kak ki raina mani hankali. Kin san ba ta baya ba ta." Latifa ta tura mata rigar. "Sa ta. Ki yi tahiyata."

"Na bari, Malama. Na yi rantsuwa gaban Baba."

"Ni anka yi wa laihin, ni na kwance ki. Tashi."

Husaina ta girgiza kai. Latifa ta dube ta sama da ƙasa, ta gyara zama.

"Dama na sani. Tsoro kika ji kar rigar ta ƙi shiga. Tun da kinka auri mai injin niƙa kinka zama awa rumbu. Kuma wagga rigunan da kika ɗinka wa ɗiyan mutane, hannu ɗaya ya hi ɗaya tsawo. Da wace ƙahwa kika taka keken?"

Hancin Husaina ya buɗe. Ta yi ƙoƙarin haɗiyewa, abin ya ƙi.

"Ni? Ni ta rumbu? Ke da in kina tahe daga tasha mutanen Tabla ka aza baro anka turo ba mai? Kawo rigar nan, baiwata, mai ƙahwar gwamnati!"

Jiki ɗaya suka ɗauko, na kakarsu, rigar ta shiga ba gardama. Husaina ta ɗauko muciya daga madafa ta ɗora a gefen ƙafarta ta dama, ta ɗaure da ɗankwali a cinya, da majanyi a ƙwauri, har gwiwar ta ƙi lanƙwasa. Ta tattare leshin zuwa ƙugu tukuna, ta tsaya a tsakar gida, ta sauke kafaɗar hagu. Sannan ta fara.

Latifa ba ta taɓa ganin abin nan daga gaba ba, kullum a bayanta ake yi. Ta ga ƙugu ya tashi, ƙafa ta fita gefe ta yi rabin da'ira ta sauka da dunduniya. Ta ga hannun hagu ya dafa cinya. Ta ga leɓen ƙasa a cije. Bayan kowane taku kuma sai kai ya ɗan ɗaga sama, haɓa a gaba, irin na mai cewa to wa ya isa. Ita ce sak. Kunya ta fara kama ta, sai kuma ta ga tafiyar ba ta da munin da ta daɗe tana zato. Tafiyar mace ce mai sauri wadda ta san inda za ta.

"Haka nika ɗaga kai?"

"Ƙahwar kowa na iyawa," in ji Husaina tana haki. "Ɗaga kan nan na ya ba ni wuya. Awa ke kinka gina garin."

Ta saki leshin ya sauka, ta sake gwadawa. Taku na farko zare ya yi ƙara a gefen dama, daidai saman gwiwa. Ta dafe wurin, ta ce Latifa ta miƙo mata guntun sabulu, ta ja layi daga nan har ƙasa. Sannan ta nufi ƙofar ɗakinta, wadda ita ma tana da doki, ta tsaya.

"Amma ke ba ki taɓa shiga da dama ba. Hagu kika sawa, sannan ki jawo waccan awa akuyar da ta ƙi kasuwa. Wanga ban iya shi ba, don ban taɓa ganinai ba. Sai ki zo ki yi in gani."

Nan aikin ya koma. Husaina ta farke gefen rigar a kan layin sabulu, Latifa ta saka. Ta tsaya a bakin ƙofa a kan ƙafar hagu, ta ɗaga ƙugu, ta wurga ta daman, ƙarfen ya daki jikin ƙofa ya dawo. Ta sake, ya daki dokin. Ta sake, ta tafi luu sai da Husaina ta tare ta da kafaɗa, tana cewa in za ta faɗi ta faɗi can nesa da tulunta. Gumi ya jiƙa ta, cinyar hagu ta shiga rawa. Husaina ta tsuguna a ƙasa, fuskarta dab da takalmin, tana kallo ba ƙyaftawa.

"Kina hwuskantar ƙohwar kai tsaye, shi ya sa. Karkace. Ba ta kahwaɗarki ta dama, ki dahwa bango da hagu. In kinka wurga gehe, gehen ya zama ciki."

Latifa ta karkace, ta dafa bango, ta wurga. Ƙafar ta haye dokin ta sauka a cikin ɗaki. Ta tsaya haka, ƙafa ɗaya ciki ɗaya waje.

"To shigo mana, ko sai an yi miki guɗa?" in ji Husaina.

Suka zauna yanke shawarar ɗinki. Yadin da za a cike tsagar da shi babu irinsa a Kurfai, sai dai a yanko daga jelar da ke jan ƙasa ta baya, wadda dama ba abin da za ta yi sai harɗe dunduniya. Ta ciki kuma sai an shimfiɗa ƙyalle mai kauri, in ba haka ba mahaɗin ƙarfen zai ci leshin. Husaina ta shiga ɗaki ta fito da wani zanenta mai ƙarfi ta yaga gefensa ba ta ko yi shawara ba. Sannan ta ɗaga bakin rigar ta gefen dama ta riƙe, ta dubi Latifa ido cikin ido.

"Nan sai an ɗage shi, in ba haka ba ki taka ki hwaɗi. In kuwa anka ɗage, takalmin zai hito. Kowa zai gani, har Rashida."

"Shi hito."

"Kin tabbata? In na sa almakashi babu maidawa."

"Na ce shi hito. Yanka."

Husaina ta yi bisimilla ta yanka.

Ranar kai amarya, bayan magariba, motoci suka tsaya a ƙofar gidan su Abdurrazak. Latifa na lulluɓe da babban zane, ba ta ganin komai sai ƙasan da ke gabanta. Ta ratsa zaure da tsakar gida da ƙafarta, mata na waƙa a kewaye da ita, rigar na buɗewa ta gefe tana rufewa ba ko ƙara. Ta ji waƙar ta ɗan yi rauni a wani ɓangare, ta san an ga takalmin. Ta ji muryar Rashida kusa da kunnenta tana cewa, "Wa ya taɓa rigar?" Ba da faɗa ta tambaya ba, mamaki ne.

Sai ga dokin ƙofar a ƙarƙashin lulluɓinta, sabon siminti, ya fi na Husaina tudu. Ta ja ta tsaya. Kafin ta daidaita tsayuwa ta ji hannu ya shiga hammatarta ta dama, wani ta hagu.

"Rashida, kama nan," in ji Gwaggo Dija. "Da bisimilla, mu ɗaga."

Amarya ba ta magana a wannan wuri, kuka aka san ta da shi. Latifa ta yi magana.

"Ku sake ni, Gwaggo."

"Ke ɗiyar nan, ana kallo."

"Ku ba motar gwamnati hanya!" Muryar Husaina ce daga baya, ta cika gidan. "Wanda ta take, ba ruwan mai gyara!"

Wasu suka yi dariya, wasu suka yi salati, wata tsohuwa ta ce ai taubashiyarta ce, ku ƙyale ta. Cikin wannan hayaniya hannun Rashida ne ya fara saki. Na Gwaggo ya daɗe kaɗan, sannan shi ma ya zame.

Latifa ta karkace ta ba ƙofar kafaɗar dama. Ta lalubi bango da hannun hagu ta dafa, lallen tafinta a kan sabon fenti. Gidan ya yi tsit. Ta ce bismillahi a fili, ta ɗaga ƙugu fiye da yadda ta taɓa ɗagawa, ta wurga. Leshin ya buɗe ya ba ta hanya. Ƙafar ta haye dokin, dunduniyar ƙarfe ta sauka a kan simintin ɗakin, ƙwal, har bango ya amsa.

Ta jawo ta hagun ta tsaya a cikin ɗakinta. Hawaye suka zubo mata a ƙarƙashin lulluɓi, haɓarta kuwa na sama.

Kakar ango, wadda idonta ya yi rauni, tana zaune a gefen ƙofa tana ta leƙen ƙasa ba ta ga komai ba. Ta ja zanen ta kusa da ita.

"Da wace ta shiga? Ku hwaɗa mani, da dama ta shiga?"

"Haba Kaka," in ji Husaina, tana share ido da bakin gyale. "Har mutanen Tabla sun ji da wadda ta shiga."

Sai guɗa ta tashi, kuma ta Rashida ce ta fi ta kowa tsawo.